S76: Lambar Ciwon Cinya Da Abin Da Ya Sa Ya Kamata Mu San Ta

Duk wanda ya tashi a ƙauyukanmu na Jazira da Nilul Azrak ya san akwai ciwon da ba mu lissafa shi cikin ciwo. Manomi ya daka tsalle zai haye abu ishirin, ƙafa ɗaya ta kafe a laka, ɗaya ta wuce, sai ya ji wani abu ya tsinke masa a bayan cinya. Ɗan dako ya sunkuya zai ɗaga buhun dawa a kasuwa, matsematsinsa ya ɗauki zafi. Masunci yana jan kwalekwale zuwa gaɓa, ko saurayi ya kai wa ƙwallo shuri da yamma, gaban cinya ya riƙe. A duk waɗannan amsarmu ɗaya ce: "Jijiya ce." Sai a shafa man zafi, a ɗaure da tsumma, gari na wayewa a koma aiki ana ɗingishi.

To, wannan ciwo da muka raina yana da suna a wurin likitoci, har ma yana da lamba wadda duk duniya ta san shi da ita, watau S76. Da likitan Wad Madani da na Kano da na Alƙahira, kowanensu ya ga wannan lamba ya san tsokar cinya ko ta ƙugu ce ta ji rauni. Abin da muke so mu nuna wa mai karatu a wannan wata shi ne, abin da aka rubuta a takardar asibiti daga bakin marar lafiya yake farawa. In mun faɗi ciwonmu daidai, a rubuta daidai, a ba mu magani daidai, a kuma ƙirga mu. In mun dunƙule magana, to, ko dai a yi mana maganin cutar da ba ita ke damunmu ba, ko kuma wahalarmu ta ɓace a cikin lissafin hukuma.

Daga Ina Lambobin Suka Fito?

Mu malaman makaranta mun san amfanin lamba. A aji ɗaya za ka sami Muhammad Adam har uku, amma ranar jarrabawar shahada kowane da lambar zamansa, don haka ba a ba wani sakamakon wani. Haka abin yake ga cututtuka. Cuta ɗaya tana da suna da Hausa, da Larabci, da Turanci, wani lokaci ma ƙauye da ƙauye suna ya bambanta. Sai masana suka ga in ba a ba kowace cuta lamba ɗaya tak ba, ba yadda za a yi a san yawan masu fama da ita.

Aikin ya daɗe. Tun a 1662 wani mutumin Landan mai suna John Graunt ya zauna ya tattara takardun mace-macen birninsu don ya gano abin da ya fi kashe mutane. A 1893, a wani taron masana ƙididdiga da aka yi a birnin Shikago na Amurka, aka amince da jerin dalilan mutuwa wanda Jacques Bertillon, shugaban ofishin ƙididdiga na birnin Faris, ya jagoranci tsarawa. Wancan jeri na matattu ne kawai. Sai a 1948, da Hukumar Lafiya ta Duniya ta karɓi ragamar aikin, aka fitar da bugu na shida wanda ya haɗa da cututtuka da raunukan da ba su kai ga kisa ba. Tun daga nan irin ciwon cinyar manominmu ya sami gurbi a littafin duniya.

Sunan wannan kundi a taƙaice ICD. An amince da bugu na goma a watan Mayu na 1990, ƙasashe suka fara aiki da shi daga 1994, kuma lambar S76 daga cikinsa take. Bugu na 11 an amince da shi a 2019, ya fara aiki ranar 1 ga Janairu 2022, akwai shi da Larabci, kuma a cikinsa lambobin raunukan cinya sun koma farawa da NC. Amma sauya kundi a asibitocin ƙasa ba aikin rana ɗaya ba ne, kowace ƙasa tana tafiya gwargwadon ƙarfinta. Shi ya sa har yanzu lambobin bugu na goma ne mutum ya fi cin karo da su a takardun asibiti, su ne kuma za mu bi a nan.

Yadda Ake Karanta S76

Lambar ba ta da wuyar ganewa. Harafin S yana nufin rauni a wani sashe na jiki. Lamba 7 tana nufin ƙugu da cinya. Lamba 6 kuwa tana nufin tsoka da igiyar da ke ɗaure tsoka a jikin ƙashi. Daga nan sai a sa ɗigo a ƙara lamba ɗaya wadda za ta nuna takamaiman wurin.

S76.0 ta tsokar ƙugu ce. S76.1 ta gaban cinya ce, inda tsokoki huɗu suka haɗu suka gangara zuwa ƙoƙon gwiwa. Su ne ke miƙar da ƙafa, su ne kuma ke yagewa wajen shurin ƙwallo ko sauka daga kan lori da tsalle. S76.2 ta matsematsi ce, watau tsokokin da ke haɗe cinyoyi biyu, waɗanda ke jin rauni in santsi ya ɗebi mutum ƙafafunsa suka ware. S76.3 ta bayan cinya ce, tsokoki uku masu naɗe gwiwa, su ne na mai tsallake rafi da mai gudu. S76.4 ita ce ta sauran tsokoki, da kuma raunin da ba a fayyace wurinsa ba. S76.7 kuwa in raunin ya shafi wurare da yawa ne.

A lura da S76.4 da kyau. In marar lafiya ya ce "ƙafata ce ke ciwo" ya yi shiru, mai dubawa kuma yana da layin mutum hamsin a ƙofa, to, ko dai a jefa shi cikin wannan kwando, ko a rubuta masa ciwon gaɓa kurum, wanda lambarsa M79.6, ba ta ma nuna an ji rauni ba sam.

Akwai kuma maƙwabtan S76 da ake rikitawa da ita. In saniya ta hauri mutum a cinya, jini ya taru wurin ya yi baƙi, wannan bugu ne, lambarsa S70.1. In ƙashin cinya ya karye, S72 ke nan. In igiyoyin da ke riƙe gaɓar ƙugu ne suka yi targaɗe, S73.1. Kowanne da irin jinyarsa.

Amurkawa ma ba su tsaya nan ba. Tun daga 1 ga Oktoba 2015 suna aiki da nasu faɗaɗɗen kundin mai lambobi wajen dubu 70. A can, yagewar tsokar bayan cinyar dama, a lokacin da ake fara yi wa mutum magani, ana rubuta ta S76.311A. Da cinyar hagu ce, da sai a ce S76.312A. In mutum ya dawo a duba yadda yake warkewa, sai harafin A ya koma D. Dalilinsu kuwa kuɗi ne, domin kamfanin inshora ba ya biyan asibiti sai lamba ta dace da aikin da aka yi. Mu ba mu kai can ba, amma misalin ya nuna mana tambayoyin da ke bakin kowane likita: wace cinya, wane ɓangare, wane irin rauni, kuma tun yaushe?

Jijiya Ɗaya, Ma'ana Huɗu

A nan ne matsalarmu ta musamman take. Kakanninmu sun zauna a wannan ƙasa shekara fiye da ɗari. Garin Mai Wurno da ke kudu da Sinnar tun 1906 aka kafa shi, wasu kuma hanyar Makka ce ta kawo su suka yada zango, wasu aikin auduga ya jawo su bayan an gama madatsar ruwan Sinnar a 1925. Larabci muke ciniki da shi, da shi muke karatu. Amma tsoho ko tsohuwa, in ciwo ya yi ciwo, da Hausa suke faɗinsa. Sai jika ya juya wa mataimakin likita da Larabci, likita kuma in an kai gare shi ya rubuta da Turanci. Magana ta bi ta harshe uku kafin ta zama lamba.

Kalmar jijiya a bakinmu tana ɗauke da abu huɗu waɗanda a wurin likita ba su haɗa hanya ba. Akwai igiyar da ke ɗaure tsoka da ƙashi. Akwai wadda ke ɗaure ƙashi da ƙashi a gaɓa. Akwai hanyar jini. Akwai kuma wadda ke kai saƙon ji da motsi daga laka. In yaro ya juya jijiya ya ce "irig" ko "asab", ya riga ya zaɓa wa likita ɗaya daga ciki ba tare da ya sani ba. Haka kalmar targaɗe, muna faɗinta ga gocewar gaɓa, muna kuma faɗinta ga yagewar nama.

Maganin wannan mai sauƙi ne. Kada mai rakiya ya ba ciwo suna. Ya bar marar lafiya ya nuna wurin da yatsa, ya faɗi abin da yake yi sa'ad da abin ya faru, ya faɗi ranar, ya kuma faɗi ko ya ji zafin nan take ne ko kuwa a hankali ya taso. Sanya suna aikin likita ne. In ya ce "shad adali" ko "tamazzuk adali", to, tsoka ce ta miƙe fiye da ƙima ko ta yage, muna cikin gidan S76 ke nan.

Yagewar kanta hawa uku ce. Ta farko, 'yan zarurrukan nama kaɗan ne suka tsinke, mutum yana tafiya amma da zafi, kuma cikin mako ɗaya zuwa uku yakan warware. Ta biyu, wani sashe na tsokar ya yage, akwai kumburi, ƙarfin ƙafa ya ragu, jinya takan ɗauki makonni da dama. Ta uku, tsokar ko igiyarta ta tsinke baki ɗaya, har akan ji rami a wurin in an taɓa, wannan kuwa watanni take ci, wani lokaci sai an yi aiki an ɗinke.

Masu Shiga Rigar Ciwon Tsoka

Da a ce duk ciwon cinya yagewar tsoka ce, da maganar ba ta kai mu cika shafi ba. Abin tsoron shi ne akwai cututtuka masu haɗari waɗanda farkonsu kamar "jijiya ce" suke.

Na farko, wanda ya fi kamata mu sani a ƙasa mai zafi irin tamu, shi ne ƙurjin cikin tsoka, lambarsa M60.0. Ƙwayar cuta ce, mafi yawa irin wadda ke kawo maruru, take shiga can cikin nama ta yi gida, kuma manyan tsokokin cinya na daga wuraren da ta fi so. Ta fi kama yara da samari, sau da yawa kuma bayan an bugu ko an yi aikin ƙarfi, shi ya sa ake cewa ai faɗuwar nan ce ta rannan. A kwanakin farko cinya takan yi tauri kamar itace, da ɗan zazzaɓi, fata kuwa ba ta nuna komai. Bayan mako biyu ko uku mugunya ta taru. In an kai asibiti da wuri, maganin kashe ƙwayoyin cuta kan wadatar. In an makara sai an tsaga an fitar da mugunya. In an ƙara makara kuwa cutar ta shiga jini, rai ke nan ake magana. Bambancin da za mu riƙe shi ne, yagewar tsoka nan take take zuwa, kullum sauƙi take yi, kuma ba ta kawo zazzaɓi. Ciwon cinyar da ke ƙaruwa kwana bayan kwana tare da zafin jiki ba na tausa ba ne.

Na biyu shi ne daskarewar jini a babbar hanyar jini ta ƙafa, lambarta I80.2. Ƙafa ɗaya takan kumbura tun daga ƙasa, ta yi ɗumi, ta yi nauyi. Ta fi samun mai jego, da wanda ya daɗe a kwance, da wanda ya yi doguwar tafiya a takure a bayan mota. Matsa irin wannan ƙafa ganganci ne, domin gudan jinin yana iya ɓallewa ya tafi huhu. Duk wanda ƙafarsa ta kumbura haka, numfashi kuma ya fara yi masa wuya, a gaggauta kai shi asibiti ko tsakar dare ne.

Na uku, yaron da ke da amosanin jini, watau sikila, wadda lambarta D57, cuta ce kuwa da muka sani a zuriyarmu. In ya yi kukan cinya, sau da yawa ƙashi ne ke ciwo, kuma yana iya zama ƙwayar cuta ta shiga ƙashin. Na huɗu, dattijon da ya faɗi ya kasa taka ƙafa, ko da faɗuwar ba ta taka kara ta karya ba, a ɗauka wuyan ƙashin cinya ne ya karye har sai hoto ya nuna akasin haka. Na biyar, zafin da ke tasowa daga gadon baya ya bi ta ɗuwawu ya gangara har ƙasan gwiwa, tare da mutuwar ƙafa ko jin kamar tururuwa na tafiya, wannan daga baya yake, lambarsa M54.3, shafa wa cinya mai ba zai kai gare shi ba.

Ba muna cewa a daina zuwa wurin maɗori ba ne, ko basir kamar yadda maƙwabtanmu ke kiransa. Mutane ne masu amfani, kuma sau da yawa su ne kusa. Abin da muke roƙo shi ne su ma su riƙe waɗannan alamomi, su tura mutum gaba in sun gan su. Haka wanzamai. Ƙaho da tsaga da lalas a kan cinyar da ke ɗauke da ƙurji ƙarin ƙofa ce ga ƙwayar cuta. Ko a bugu na gaskiya ma, tausa mai ƙarfi da gashi a kwanakin farko suna ƙara zubar jini a cikin nama, wani lokaci har wurin ya ƙulle ya zama kamar ƙashi a tsakiyar tsoka, abin da shi ma yake da lambarsa, M61.0.

A Ina, Kuma Ana Wane Aiki?

Akwai wani sashe na kundin da mutane da yawa ba su san da shi ba, gare mu kuwa yana da muhimmanci ƙwarai. Bayan lambar rauni, kundin ya tanadi lamba ta biyu wadda ke faɗin abin da ya jawo raunin. Yunƙurin da ya wuce ƙarfin jiki, kamar ɗaga kaya mai nauyi, lambarsa X50. Akwai kuma alamar wuri: 0 gida, 3 filin wasa, 4 hanya, 7 gona. Sannan akwai alamar abin da mutum ke yi: 0 wasanni, 2 aikin neman kuɗi. Ashe ke nan kundin duniya ya san bambanci tsakanin ɗan ƙwallon da ya yage cinya a fili da leburan da ya yage tasa yana yashe laka a hawashar wani.

Me ya sa wannan ya dame mu? Gonar Jazira da ta Managil sun haura fadan miliyan 2, kuma tun kafuwarsu hannun mutanen kambo, mu da 'yan'uwanmu na yammacin ƙasa, yana cikin shuka da noma da tsinkar auduga da cirar gyaɗa da gyaran magudanan ruwa. Ƙasar baƙar laka ce mai riƙe ƙafa in ta sha ruwa. Buhu kuwa ya kusa kilo 100. Wanda ke cin abinci da aikin yini, mako uku a kwance lokacin kaka ba ƙaramar asara ba ce ga gidansa. Amma a ƙananan wuraren shan magani na ƙauye suna ake rubutawa a rajista, daga nan a haɗa rahoton wata a aika gaba, a manyan asibitoci kuma ma'aikatan ofishin ƙididdiga su ne ke mayar da abin da likita ya rubuta zuwa lamba. Ba sa iya ƙirƙiro abin da ba a rubuta ba. In takarda ba ta ce a gona abin ya faru ba, lissafi ba zai taɓa nuna cewa aikin gona yana karya mutane ba. Wanda ma bai je asibiti ba sam, babu shi a lissafin ko kaɗan.

Ga wanda ke aiki a kamfani kuwa, kamar masana'antun sukari ko na gurzar auduga, maganar ta fi kusa da aljihu. Ƙasar nan tana da dokar biyan diyyar raunin wurin aiki ta 1981, kuma duk mai neman haƙƙi irin wannan, takardar likita ce hujjarsa ta farko. Haka inshorar lafiya ta ƙasa, wadda aka fara gwada ta a jihar Sinnar a 1995, da sunan cutar da aka rubuta take aiki. Takardar da ta ce ciwon ƙafa kurum ba ta tsaya wa mutum a gaban kowa.

Darasin Madura

In mai karatu yana shakkar cewa rubutu da ƙirga suna canja wani abu, to, ya dubi cutar madura, wadda ake kira nabit, mai lamba B47. Ba wanda ya zauna a Jazira ko Sinnar da bai ga mai ita ba. Ƙaya ce takan soki mutum a gona, ƙwayar cutar da ke cikin ƙasa ta shiga, kumburi marar zafi ya taso a hankali, ya ɓule yana fitar da 'yan ƙwayoyi baƙaƙe ko farare, shekara da shekaru, har ta ci ƙashi a yanke ƙafa. Ta fi kama tafin ƙafa, amma tana iya fitowa a wasu wurare na jiki. Cutar talaka ce mai tafiya ba takalmi, don haka duniya ta daɗe ba ta waiwaye ta ba.

A 1991 aka kafa cibiyar bincike kan wannan cuta a Jami'ar Hartum a ƙarƙashin Farfesa Ahmad Hasan Fahal. Babban abin da suka yi shi ne rubuta kowane marar lafiya: daga ina ya fito, mece ce sana'arsa, wace gaɓa ce ta kamu, shekara nawa ya yi kafin ya zo. Da dubban takardu suka taru, magana ta yi nauyin da ba a iya kau da kai daga gare ta. A watan Mayu na 2016 babban taron Hukumar Lafiya ta Duniya ya sa madura cikin jerin cututtukan ƙasashe masu zafi da aka yi sakaci da su, abin da ya buɗe ƙofar neman sabon magani. Yaƙin da ya ɓarke a watan Afrilu na 2023 ya yi wa cibiyar ɓarna mai yawa, amma sunan cutar ya riga ya shiga jerin duniya. Ciwon cinya bai kai madura muni ba, sai dai hanyar ɗaya ce: abin da aka rubuta shi ake gani, abin da aka gani shi ake ware wa kuɗi.

Takarda A Hannun Mai Ƙaura

Shekarun nan sun koya mana wani amfanin kuma. Rikicin Nilul Azrak na watan Yuli 2022 ya raba dubban mutanenmu da gidajensu a yankin Rusairis da Damazin. Sannan yaƙi ya iso Wad Madani a watan Disamba 2023, sojoji ba su koma cikinta ba sai a watan Janairu 2025, a tsakanin nan kuwa asibitoci da yawa sun tsaya, rajistoci sun salwanta. Mutum ya wayi gari a Gadarif ko Kasala, wani a Masar, wani ma har ya kai ga dangi a Kano ko Maraɗi, yana gaban likitan da bai taɓa ganinsa ba. A irin wannan hali 'yar takardar da ke aljihu ita ce tarihin jikinsa. In akwai sunan cuta a rubuce sarai, ko lamba kamar D57 ko B47 ko S76.3, ba a bukatar tafinta. Saboda haka a riƙa ajiye takardun asibiti tare da takardun shaida, a naɗe a leda, wanda ke da waya kuma ya ɗauki hotonsu.

Abin Da Ya Rage Gare Mu

In rauni ya faru nan take, ba zazzaɓi, mutum kuma yana iya taka ƙafa, to, a kwana biyu ko uku na farko ya huta. A naɗe ƙanƙara a tsumma a ɗora kamar minti 15 zuwa 20, sau da yawa a yini, in babu ƙanƙara a jiƙa tsumma da ruwan randa. A ɗaure wurin daidai wa daida, ba tamau ba, a ɗaga ƙafa in an kwanta. A guji gashi da tausa mai ƙarfi a waɗannan kwanaki. Da zafi ya fara sauka sai a soma motsa ƙafa a hankali, kada a koma ga buhu ko ƙwallo sai an iya tsugunawa da sauri ba ciwo, domin tsokar da ba ta gama warkewa ba ita ta fi saurin sake yagewa.

Amma in akwai zazzaɓi, ko ciwo yana ƙaruwa, ko an kasa taka ƙafa, ko ƙafar duka ta kumbura, ko an ji rami a cikin nama, ko yaro ne mai sikila, to, ba jira. A asibiti a faɗi abu huɗu: wace cinya da wane ɓangare, wace rana, a wane wuri, ana wane aiki. Kafin a fito a roƙi mai dubawa cikin ladabi ya rubuta sunan ciwon yadda za a iya karantawa, ya kuma ambaci cewa a wurin aiki ne in a nan ya faru. Wannan ba rashin kunya ba ne, haƙƙi ne.

Muna kira ga 'yan'uwanmu malamai da limamai da shugabannin matasa su isar da wannan bayani ga waɗanda ba sa karatu. Ɗalibanmu da suka gama sakandare kuma su sani cewa aikin ƙididdigar lafiya da ajiyar bayanan marasa lafiya sana'a ce da ake koyo, kuma ɗan ƙauyen da ya san bambancin jijiya da jijiya a harshen kakarsa zai yi wa jama'a amfani a wannan kujera. Hausawa sun ce mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo. Tun da mu muka san inda ke mana ciwo, sai mu faɗe shi filla-filla a rubuta. Allah ya ba marasa lafiyarmu sauƙi, ya mayar da waɗanda suka bar gida gidajensu lafiya, amin.